Za a iya naɗe ɗanɗano kamar yadda ake naɗe murya?

Wanda ya rasa mahaifiyarsa a wannan zamani yana da hotonta a waya. Wataƙila yana da muryarta ma, a wani saƙo da ta taɓa aiko masa, ya kunna ya saurara duk lokacin da kewa ta taso. Abin da ba shi da shi shi ne girkin hannunta. Ko da ta bar yadda take haɗawa a rubuce, ko da 'yarta ta tsaya a gefenta shekara goma tana kallo, in an sauke tukunya sai a ce ya yi daɗi amma ba kamar nata ba. Tun 1839 aka bayyana wa duniya dabarar ɗaukar hoto a Faransa, a 1877 kuma Thomas Edison ya yi magana a bakin na'ura ta maimaita masa abin da ya faɗa. Ido ya samu ma'ajiya, kunne ya samu. Harshe har yau bai samu ba.

Na'urar da ake mafarki ɓangare biyu ce. Na farko wani ɗan harshe ne na roba da za a tsoma a abinci, ya karanta ɗanɗanon, ya mayar da shi lambobi, a adana ko a tura ta intanet. Na biyu wani abu ne da za a sa a baki a can wani gari, ko bayan shekara hamsin, ya karanta lambobin, mutum ya ji abin da mai ci na farko ya ji. Babu wanda ya ƙera ta. Akwai gutsattsarinta a ɗakunan bincike, wasu har sun shiga kasuwa, kuma duba inda kowane gutsure ya tsaya shi ne zai nuna mana mene ne ɗanɗano tun asali.

A Hausa kalma ɗaya muke amfani da ita: muna jin magana, muna jin ƙamshi, muna jin zaƙi, muna jin zafi. Gani ne kaɗai muka ware. Wannan yakan sa mutum ya ɗauka tunda an naɗe ji guda, sauran ma lokaci kawai suke jira. Amma jin kunne daban yake. Sauti kaɗawar iska ce, abu ɗaya da ke hawa da sauka, kunnen matashi yana kama shi daga kaɗawa 20 zuwa kusan 20,000 a daƙiƙa. Makirfo yana bin kaɗawar yana rubutawa, lasifika tana sake kaɗa iska daidai da rubutun, shi ke nan. Ido ma ya zo da sauƙi, don iri uku ne kawai na ƙwayoyin da ke tantance launi a cikinsa, shi ya sa allon waya da ja da kore da shuɗi kaɗai yake haɗa duk launin da kake gani. A duka biyun babu wani abu na jikin mawaƙi ko na wanda aka ɗauka hoto da ke zuwa wurinka. Ƙarfi ne ke tafiya, lantarki kuwa ya iya kwaikwayon ƙarfi.

Ɗanɗano ba ƙarfi ba ne, abu ne. Sai ƙwayar sinadarin ta narke a yawu, ta shiga 'yan ramukan da ke kan harshe, ta taɓa inda ake karɓarta. Goge harshenka ya bushe ka ɗora masa sukari, ba za ka ji komai ba sai yawu ya dawo. Ke nan lasifikar ɗanɗano dole ta zama tana da rumbun sinadarai a cikinta, rumbun da ke ƙarewa kamar tawadar injin buga takarda. In ba haka ba, sai dai ta yaudari jijiyoyi su kai saƙon abin da bai zo ba.

Masu bin hanyar sinadari suna da dalilin sa rai. Harshe yana ɗauke da dubban 'yan tsirai masu ɗanɗana, kowanne da ƙwayoyi 50 zuwa 100 a ciki, amma labarin da suke kaiwa ƙwaƙwalwa bai wuce iri biyar da masana suka amince da su ba: zaƙi, tsami, ɗaci, gishiri, da na biyar da ake kira umami, wato wannan cikar ɗanɗano da ake ji a romon nama ko nunannen tumatir. Kikunae Ikeda, masanin sinadarai a Tokiyo, shi ya gano tushensa a 1908 daga wata ciyawar teku da Japanawa ke yin romo da ita, ko da yake sai da aka kusa shekara ɗari kafin a gano makarɓarsa a harshe, sauran masana su sallama. Wancan zanen da aka koya wa da yawanmu a makaranta, wai zaƙi a tsinin harshe ɗaci a can baya, kuskure ne da ya samo asali daga mummunar fahimtar wani binciken Bajamushe na 1901. Duk inda tsiran suke ana jin biyar ɗin.

In biyar ne, me zai hana a yi musu yadda aka yi wa launi? An gwada. Kiyoshi Toko na Jami'ar Kyushu ya ƙera harshen lantarki mai fatu na maiƙo da ke auna tsami da ɗaci da gishiri ya ba da lamba, kuma kamfanonin abinci da na magunguna suna amfani da irinsa. Wannan rabin naɗa ke nan. A ɗaya rabin, Homei Miyashita na Jami'ar Meiji ya fito da wani ɗan bututu a 2020 mai ɗauke da abubuwa biyar masu kauri kamar daskararren kunu, kowanne da ɗanɗano guda. Kana ɗora harshe a kai za ka ji duka biyar, sai a saki ɗan lantarki ya janye wasu daga bakin bututun, waɗanda aka bari su fito fili. A shekara ta gaba ya nuna allon talabijin da ake lasa: gwangwani goma na fesa haɗin ɗanɗano a kan wata leda mai tsabta da ke shimfiɗe bisa allon. A 2025 masu bincike a Jami'ar Jihar Ohio ta Amurka sun wallafa wata na'ura da ke auna sinadarai a abinci a wani wuri, ta aika saƙo ba waya, wani ɗan famfo a bakin mutum ya tura haɗin da ya dace.

Duk wannan aiki ne na gaske, kuma ban raina shi ba. Sai dai abin da suke turawa bai kai abin da muke nufi in mun ce abinci ya yi daɗi ba.

Gwajin mai sauƙi ne. Toshe hancinka, rufe ido, a ba ka ɗan yankan tuffa da ɗan yankan ɗanyen dankali, za ka sha wahala kafin ka bambance. Harshe yana cewa akwai ɗan zaƙi, akwai ɗan tsami, daga nan ya yi shiru. Wanda ke cewa wannan tuffa ce, wannan kofi ne, wannan nama ne ya ɗan ƙone, hanci ne, amma ta ƙofar baya. Yayin da kake tauna, ƙamshin yana tashi daga maƙogwaro ya bi ta bayan ganɗa ya hau hanci, ƙwaƙwalwa kuma ta jingina abin ga baki, tunda nan ne motsi yake. Mai mura ya san wannan. A 2020 miliyoyin mutane sun sani lokaci guda, da cutar korona ta ɗauke musu jin ƙamshi, abinci ya zama salam a bakinsu.

To a nan gizo ke saƙa. Linda Buck da Richard Axel sun gano dangin makarɓan ƙamshi a 1991, aikin da ya ba su kyautar Nobel a 2004, kuma ɗan Adam yana da iri kusan 400 masu aiki. Ido uku, harshe biyar, hanci ɗari huɗu. Ba kuma kowace makarɓa da ƙamshinta guda ba: sinadari ɗaya yana taɓa makarɓai da yawa, makarɓa ɗaya tana amsa sinadarai da yawa, ƙamshi shi ne tsarin waɗanda suka amsa gaba ɗaya. Har yau ba a samu ƙamshi uku ko goma da za a haɗa su ba da sauran ba. Kofi kaɗai yana fitar da sinadarai masu tashi sama da 800.

Akwai wata lamba da ke ɗan sanyaya zuciya. Masu bincike a Munich ta Jamus sun tattara nazarin abinci iri-iri suka wallafa a 2014 cewa, cikin sinadarai masu tashi kusan 10,000 da aka samu a abinci, kusan 230 ne kawai ke da tasiri a ƙamshin da muke ji, kowane abinci kuma 3 zuwa 40 daga cikinsu ne ke ba shi kamanninsa. Ke nan abin ba marar iyaka ba ne. Amma ka kwatanta na'ura mai 'yan kwalabe 230 a ciki, wasu suna lalacewa da zarar iska ta taɓa su, wasu ana bukatar ɗigon da bai kai a gani ba, in ya ɗan wuce ƙamshi ya koma wari. Sannan ga matsalar sharewa. Lasifika na yin shiru sauti ya ɓace nan take. Ƙamshi yana zama a ɗaki, yana maƙalewa a tufa, na biyu ya zo ya hau kan na farko. Wannan na cikin abin da ya kashe sinimar ƙamshi da aka gwada a Amurka a 1960, inda ake busa ƙamshi ta bututu a ƙarƙashin kujeru. Wani kamfani da ya yi niyyar sayar da na'urar ƙamshi ta kwamfuta wajen shekarar 2000 ya rufe kafin kayan su kai kanti.

Ba a gama ba. Yajin barkono ba ya cikin biyar ɗin, ba kuma ƙamshi ba ne. David Julius ya nuna a 1997 cewa sinadarin barkono yana buɗe makarɓar da ke jin zafin wuta, shi ya sa baki ke ƙuna da gaske, gumi ya karyo. Sanyin na'a-na'a haka yake ta ɓangaren sanyi. Bauri, wannan ɗaurewar baki da ake ji a ɗanyen 'ya'yan itace ko shayin da ya daɗe a wuta, ya fi kusa da taɓawa: yawu ne ke rasa santsinsa. Wata jijiya ce daban ke ɗaukar waɗannan saƙonni. Sai ka ƙara tauri da laushi, da yauƙi, da maiƙo, da zafin abincin ko sanyinsa. Har kunne yana da rabo. Charles Spence na Jami'ar Oxford da abokin aikinsa sun sa wa mutane lasifikar kunne a 2004 suna cin soyayyen dankali mai ƙaras-ƙaras, in aka ƙara ƙarar tauna sai su ce ya fi sabunta, alhali dankalin ɗaya ne. Yaya za a naɗe garɗi, wanda rabinsa maiƙo ne, rabinsa ƙamshi, da ɗan abin da haƙori ke ji?

Wannan ya sa wasu suka ce a bar sinadari, a yi wa jijiya magana kai tsaye da lantarki. Dabarar tsohuwa ce. A tsakiyar ƙarni na 18 Johann Sulzer ya lura cewa in ya haɗa ƙarfe biyu mabambanta ya sa harshe a tsakani yakan ji wani ɗanɗano, kuma irin wannan gwaji yana cikin abin da ya kai Alessandro Volta ga ƙera batir a 1800. A zamaninmu Nimesha Ranasinghe, lokacin yana Jami'ar Ƙasa ta Singafo, ya yi gwaji da 'yan faranti da ake matsa harshe a tsakaninsu, a 2017 kuma tawagarsa ta auna tsami da launin ruwan lemo ta aika ta intanet zuwa wani kofi mai ruwa zalla, fitila ta ba shi launi, lantarki a bakin kofin ya ba shi tsami. Abin lura shi ne lantarki ya fi iya tsami da gishiri da wani ɗanɗanon ƙarfe. Dalili kuwa, waɗannan biyun dama ƙwayoyi ne masu caji ke kawo su, suna shiga ta 'yan ƙofofi a jikin ƙwayar harshe, lantarki kuma yana iya tura su ko janye su. Zaƙi da ɗaci da umami kamar kwaɗo da mabuɗi suke, sai siffar sinadarin ta dace. Ɗaci kaɗai yana da kwaɗuna kusan 25, domin guba iri-iri ce a duniya. Lantarki ba shi da siffar da zai shiga kwaɗo. Wasu mutane sukan ji ɗan zaƙi in an ɗumama tsinin harshensu, amma ba kowa ba, kuma ɗan kaɗan ne.

Saura hanya ta ƙarshe, wadda ta fi ban mamaki, ta fi ban tsoro: a tsallake baki gaba ɗaya. A 2015 tawagar Charles Zuker a Jami'ar Columbia ta yi gwaji a kan wurin zaƙi da wurin ɗaci da ta riga ta gano a ƙwaƙwalwar ɓera. Suka haska wurin zaƙi da haske, ɓeran ya yi ta lasar ruwa zalla kamar zuma. Suka haska wurin ɗaci, ya ƙi ruwan, har yana yunƙurin amai yana goge baki. Babu sukari, babu guba. Wannan ya tabbatar da cewa ɗanɗano a ƙarshe a ƙwaƙwalwa yake faruwa. Sai dai an canza wa ɓerayen ƙwayoyin halitta, an huda ƙoƙon kansu an dasa zaren haske, abin da ba za a yi wa mai lafiya don ya ɗanɗana abincin wata ƙasa ba. Na'urar ji da ake dasa wa kurame, wadda an shekara da shekaru ana gyara ta, 'yan wayoyi 12 zuwa 22 take da su a madadin dubban ƙwayoyin kunne. Tana sa a gane magana, wanda babbar ni'ima ce, amma masu ita da yawa suna cewa kiɗa ba ya fita yadda suka san shi. Ɗanɗano da ƙamshi sun fi kama da kiɗa.

A ganina tambayar da ta fi duk waɗannan nauyi ita ce: me za a naɗe, abincin ko mai cinsa? In mutum biyu sun saurari faifai ɗaya, iska ɗaya ce ta kaɗa musu. A baki ba haka ba ne. A 1931 wani masanin sinadarai, Arthur Fox, yana aiki da wata hoda ta tashi a ɗaki, abokin aikinsa ya koka da ɗacinta, shi kuwa bai ji komai ba. Daga baya aka gano gado ne, wasu suna da kwaɗon da ke kama wannan ɗacin, wasu nasu ba ya kamawa. Makarɓan ƙamshi ma sun bambanta daga mutum zuwa mutum fiye da haka. Kyanwa ba ta jin zaƙi sam, don kwaɗon nata ya lalace tun kakanninta. Kai, mutum ɗaya ma ba ɗaya ba ne da safe da yamma: lomar farko ga mai yunwa da loma ta ashirin abinci ɗaya ne, amma daɗin ya sauka. In an naɗe abincin, kowa zai ji shi da nasa harshen, ba a kai maka abin da wancan ya ji ba. In an naɗe abin da ya faru a kan mai ci, to saƙo ne da aka rubuta don ƙwaƙwalwa guda, taka kuwa an ɗaura wayoyinta daban. Wancan maraya da muka fara da shi, ko an dawo masa da girkin mahaifiyarsa ba a rage ƙwaya ɗaya ba, harshen ɗan shekara arba'in zai tarbe shi. Yara sun fi manya son zaƙi, sun fi su gudun ɗaci, ƙwayoyin harshe kuma sabunta kansu suke cikin 'yan makonni. Zai iya gane shi, har ya yi hawaye. Amma da yunwar yaron da ya dawo daga wasa aka ci na farkon.

Duk da haka ina son a ci gaba da wannan bincike, kuma ba don masu son lasar talabijin ba. Wanda ya taɓa jinyar mai ciwon daji ya san yadda magani da gashin haske ke ɓata baki, ruwa ya koma ɗanɗanon ƙarfe, nama ya zama abin ƙyama, majinyaci ya daina ci a daidai lokacin da jikinsa ya fi bukata. Tsofaffi da yawa suna ramewa ne don abinci ya daina yi musu magana. Ga waɗannan, ko rabin na'ura alheri ne. Misali ma ya riga ya fito: Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce kada babba ya wuce giram 5 na gishiri a rana, yawancin mutanen duniya kuwa suna cin ninkin haka, kuma a 2024 kamfanin Kirin na Japan ya fara sayar da cokali mai batir, wanda aka gina kan binciken Miyashita, da ke tara gishirin da ke cikin abinci zuwa kan harshe don mai hawan jini ya ji miyarsa da gishiri ba tare da an ƙara ba. Cokalin bai naɗe komai ba, bai ƙirƙiri komai ba, ƙara murya kawai ya yi wa abin da ke nan. A nan nake ganin amfanin farko zai zo.

Fargabata ita ce ɗanɗano mai gadi ne a bakin ƙofa. Zaƙi yana gaya wa jiki ga ƙarfi nan tafe, ɗaci yana cewa a yi hattara, tsami da wari suna tona asirin abin da ya lalace. Na'urar da za ta iya sa ruwa ya yi zaƙi za ta iya sa ruɓaɓɓen abu ya yi daɗi, ko ta sa abincin da ba shi da amfani ya fi na kirki jan hankali, kuma masu kuɗin da za su fi zuba jari a ciki ba asibitoci ba ne. Waƙar da ka sauke daga intanet ba ta shiga jininka. Fayil ɗin ɗanɗano umarni ne ga inji ya haɗa sinadarai a cikin bakinka ka haɗiye, don haka wanda ya rubuta shi da wanda ya taɓa shi a hanya duk suna da hannu a jikinka. Malaman addinai da ke da dokokin ci da sha za su sami tasu tambayar: ɗanɗanon abin da aka hana, ba tare da abin ba, mene ne hukuncinsa? Masu girki ma za su tambayi wane ne mai fayil ɗin, wanda ya dafa ko wanda ya tsoma na'ura.

Akwai kuma abin da ba ya jira, wato ɗanɗanon da ke ɓacewa. Rumawa da Girkawa suna da wani tsiro, silfiyum, da ake kawowa daga Kirene a gaɓar Libiya ta yau, mai daraja har an buga hotonsa a kan kuɗi. Ya ƙare tun ƙarni na farko, marubucin Rumawa Pliny ya rubuta cewa kara ɗaya da aka samu a zamaninsa sarki Nero aka aika wa, kuma babu mai rai da zai ce ga yadda yake a baki. Ayabar da ake fitarwa zuwa Turai da Amurka kafin shekarun 1950 wani iri ne daban, wata cuta da ke zaune a cikin ƙasar noma ta cinye gonakinsa aka maye gurbinsa da wanda ake sayarwa yanzu. Irin shuka da yawa suna bin wannan hanya ba tare da an ji labarinsu ba. Rabin naɗa kuwa, wato tantance sinadaran abinci ɗaya bayan ɗaya da adadinsu, da auna taurinsa da tsaminsa, ana iya yin sa a yau da injinan da ke ɗakunan bincike, ko da babu na'urar da za ta karanta.

An taɓa yin haka da sauti. Shekara 20 kafin Edison, wani Bafaranshe mai aikin ɗab'i, Édouard-Léon Scott de Martinville, ya yi rajistar na'urar da ke zana kaɗawar murya a kan takardar da aka baƙanta da hayaƙin fitila. Ba ta maimaita komai, shi ma bai yi tunanin za a saurara ba, so yake a karanta zanen da ido. Takardun suka zauna a ma'ajiya a Paris. A 2008 masu bincike a Amurka suka ɗauki hoton ɗaya daga cikinsu, wadda ya yi ranar 9 ga Afrilu 1860, kwamfuta ta bi layin hayaƙin ta mayar da shi sauti, aka ji mutum yana rera waƙa a hankali, shekara 148 bayan ya rufe bakinsa.